Akwatin Masu Karatu: fuskokin “pick up” a aji, a tasha da kasuwa

Tun da kundin sake gina ƙasar Nijar na watan Maris 2025 ya mai da Hausa harshen ƙasa, ya kuma jera Ingilishi da Faransanci a matsayin harsunan aiki, akwatinmu bai rasa tambaya kan Ingilishi ba. A wannan fitowa mun tsame saƙonnin da suka haɗu a kan *pick up*, domin da ɗalibi da direba da ɗan kasuwa duk a wurin suka yi tuntuɓe, kowa ta gefensa. Za mu riƙa cewa Ingilishi, saboda a nan Damagaram idan ka ce Turanci wani zai zaci Faransanci kake nufi.

Assalamu alaikum malamai. Ni ɗalibi ne a ajin ƙarshe na lise, daga unguwar Birni. Ƙamus ya ce *pick* zaɓa ne ko tsinka, *up* kuma sama. To a darasi mun ci karo da *She picked up Arabic in Cairo*, sannan da *Business is picking up*. Na haɗa “zaɓa” da “sama” ta kowace hanya, ma'ana ta ƙi fitowa. Ina gizo ke saƙa?

Wa alaikumus salam, ɗan samari. Ƙamus bai yi maka ƙarya ba, kai ne ka raba abin da ba a rabawa. Dubi kalmar “ci” ta Hausa. Baƙon da aka koya wa cewa ci shi ne kai loma baki, yaya zai yi da “ya ci jarrabawa”, “ya ci bashi”, “ya ci amana”, “kasuwa ta ci”? Kai waɗannan ba su taɓa ɗaure maka kai ba, domin kunnenka yakan jira abin da zai biyo bayan “ci” kafin ya yanke hukunci. Haka mai Ingilishi yake yi da *pick up*. Kalmomin biyu sun zama aikatau guda, mai Ingilishi na kiran irinsa *phrasal verb*, littattafan Faransanci na cewa *verbe à particule*, mu kuwa a nan za mu ce aikatau mai ɗan rakiya.

Tushen ma'anar shi ne kai hannu ka ɗauki abu daga ƙasa ko daga inda yake ajiye. *Pick up your pen*, ɗauki bik ɗinka. Sauran ma'anonin duk rassa ne, kuma abin da ya biyo baya shi zai nuna maka reshen da kake kai.

Jimlarka ta farko harshe ne ya biyo baya. A nan kalmar da ta fi dacewa ita ce “tsinta”: ta tsinci Larabci a Alƙahira. Ba ta zauna gaban allo ba, zama da mutane ne ya zuba mata shi a kunne. Mutumin da ya sauko daga Agadas ba ya jin ko “sannu”, shekara ta zagayo ka tarar da shi a Kasuwar Dole yana taya kaya da Hausa har da zolaya, shi ake ce wa *he picked up Hausa in the market*. Kai da ka yi shekara bakwai daga ajin farko na kolej zuwa yau kana cika kayye, ba tsintuwa ka yi ba. Idan ka rubuta *I picked up English at school for seven years* mai gyara zai ja maka jan layi. *I studied* ko *I learned* ake so. Wannan reshen ne kuma ke ɗaukar ɗabi'a da cuta, wato abin da ya manne wa mutum ba da niyya ba: *he picked up a bad habit*, ya kwaso mugun hali, *she picked up a cold*, ta kwaso mura.

Jimla ta biyu kuwa, ka lura babu komai bayan *up*. Idan ka ga haka, mafi yawa farfaɗowa ake nufi ko ƙaruwar ƙarfi. *Business is picking up*, kasuwa ta fara motsi, irin abin da tela ke gani idan azumi ya raba tsakiya, yadi ya fara taruwa a kan teburinsa. *The wind is picking up*, iska na tasowa. *The patient is picking up*, majinyaci na murmurewa. Sharaɗin shi ne abin ya taɓa yin sanyi. Kasuwar da dama tana ci ba ta taɓa lafawa ba, ba a ce mata *picking up*.

Sauran ba su da wuya. Idan rezo ne ko tashar rediyo ko wani ƙaramin sauti, “kama” ake nufi: *my phone can't pick up a signal here*, salulata ba ta kama rezo a nan. Idan ɗan cefane ne a kan hanya, “sayo” ne ko “biyo da”: *pick up some bread on your way home*, ka biyo mana da burodi. *Let's pick up where we left off*, mu ɗora daga inda muka tsaya, jimlar da malaminku zai iya buɗe aji da ita bayan hutu. *He picked up the bill*, shi ya ɗauki nauyin biyan kuɗin abincin. Reshen da mutum ke biyo baya shi ya fi haɗari, ka duba amsar da muka ba direba a ƙasa.

Ina koyar da Ingilishi a wata kolej da ke Zango. Kullum ina gyara *pick up it*, kullum yara na maimaitawa. Ni kaina na san *pick it up* ne daidai, amma idan suka ce “Madam, don me?” sai in ce haka yake. Ku ba ni abin da zan faɗa musu.

Malama, sannu da fama da yara. Dokar a taƙaice: idan abin da aka ɗauka an ambaci sunansa, yana iya zama a tsakiya ko a ƙarshe, *pick up the book* da *pick the book up* duk daidai ne. Idan wakilin suna ne, wato *me, you, him, her, it, us, them*, ba shi da mazauni sai tsakiya. Idan kuma bayanin ya yi tsawo, sai a tura shi ƙarshe don kada ɗan rakiya ya ɓace a hanya: *pick up the books you left under the table yesterday*. Wanda ya jira sai bayan *yesterday* sannan ya jefo *up*, mai sauraro ya riga ya manta da abin da yake rakiya.

Dalilin da za ki ba su shi ne, Ingilishi na ajiye nauyin murya da sabon labari a ƙarshen jimla. Wakilin suna ba sabon labari ba ne, an riga an san abin da ake magana a kai, saboda haka ba shi da nauyin da zai riƙe ƙarshe; sai ya lafe a tsakiya, *up* ya ɗauki muryar. Kuskuren yaran ma yana da asali. Sun haddace *pick up* dunƙule guda, kuma a Hausa wakilin suna bayan aikatau yake zuwa, “ɗauke shi”, “ɗauko ta”. Tsarin gida suke bi.

Bayani kaɗai ba ya kashe wannan kuskure, sai baki ya saba. Ki ware minti goma a farkon darasi, kwana uku a jere. Ki ajiye abu biyar a kan tebur: bik, kayye, alli, hula, makullai. Ki ce *Pick up the chalk*, aji ya amsa *Pick it up*, yaro guda ya taso ya ɗauka da hannunsa. Makullan su za su kawo *them*. Rana ta biyu ki shigo da mutane, *Pick up your sister*, su ce *Pick her up*. Rana ta uku ki juya lokaci, a nan ne za ki kama masu cewa *pick upped*. Duk wani ƙari, ko *-s* ko *-ed* ko *-ing*, a jikin *pick* yake sauka: *picks up, picked up, picking up*. Ɗan rakiya ba ya canza riga.

Abin da muke hana malamai shi ne haɗa wannan darasi rana ɗaya da aikatan da ba sa rabuwa, irin su *look after him* da *pick on him*. Yaro zai fita aji yana cewa *look him after*, kin gyara ɓaraka ɗaya kin buɗe wata. Ki bari sai an yi sati biyu. Idan ke kanki kika yi shakkar ko wani aikatau na rabuwa, ƙamusoshin masu koyo irin na Oxford da Longman suna sa ƴar kibiya mai kai biyu tsakanin abin da aka aikata wa da ɗan rakiya; in kin gan ta, yana rabuwa.

Wani abu kuma da muke ganin ana asararsa a azuzuwanmu: ana bayanin waɗannan aikatan da Faransanci, alhali Hausa ta fi kusa da su. Faransanci yakan sauya kalma ɗungurungum, Hausa kuwa ƙarshen aikatau take taɓawa ma'ana ta juya: saya, sayo, saye, sayar, ɗauka, ɗauko, ɗauke. Aikin da wasalin ƙarshe ke yi mana shi ɗan rakiya ke yi wa Ingilishi. Sau da yawa ma *up* na yin daidai da abin da “-e” ke yi, wato gamawa kakaf: *eat up* cinye, *drink up* shanye, *buy up* saye, *dry up* ƙafe. Ba ko'ina wannan ma'auni ke aiki ba, *give up* dainawa ne ko haƙura, amma yaron da aka nuna wa bambancin “sha” da “shanye” ya daina kallon *up* a matsayin sama kawai.

Ni direba ne a wata ƙungiya mai aikin agaji. An ba ni lambar wata baƙuwa da za ta sauka a filin jirgin Damagaram, na rubuta mata *I will come to search you at 16h*. Da ta shiga mota sai ta yi ta murmushi, ta ce *pick up* ake cewa. Mene ne laifin abin da na rubuta?

Malam direba, Allah ya tsare hanya. Faransanci ne ya yi maka ƙafar ungulu. *Je viens vous chercher* ka juya kalma da kalma, amma *search* idan mutum ya biyo bayansa kai tsaye, caje ne, irin wanda jandarma ke yi a shinge, a lalube aljihu a zazzage jaka. Ka ga ke nan alƙawarin caje ka yi wa baƙuwar ofis. Kalmar *chercher* na ɗauke da kaya biyu da Ingilishi ya raba: neman abin da ba ka san inda yake ba, shi ne *look for*, zuwa ɗauko wanda ka san inda yake, shi ne *pick up*.

Ga jimlar da za ka ajiye a salula: *I'll pick you up at the airport at 4 p.m.* Kalmar *at* na riƙe wuri da lokaci duka, kana kuma iya cewa *from the airport*. Rubutun *16h* namu ne na ƙasashen Faransanci, baƙo daga Amurka ko Ingila ya fi gane *4 p.m.* Ƙarfe goma sha biyu kuwa ka rubuta *noon* ko *midnight*, domin *12 p.m.* na rikita har masu harshen. Kishiyar *pick up* a aikinka ita ce *drop off*, saukewa: *I'll drop you off at the office.* Shi *take* yana buƙatar inda za a nufa, *I'll take you to the hotel*; ba a cewa *I take you at 8* da nufin “zan zo in ɗauke ki ƙarfe takwas”. *Carry* kuma na kaya ne. A Kano za ka ji *carry me to the park* kuma kowa ya gane, amma Baturen Ingila zai hango ka goye da shi.

Ɗan'uwan wannan kuskure shi ne *recuperate*. Ma'aikata da yawa na rubuta *I will recuperate the parcel* saboda *récupérer*. A Ingilishin yau da kullum *recuperate* murmurewa ce bayan jinya. Saƙo ko takarda ko makulli, *pick up* ne ko *collect*.

Yanzu ga inda za ka taka a hankali. Idan ƴan sanda ne suka yi aikin, kamu ne: *he was picked up by the police*, an cafke shi ko an tafi da shi amsa tambayoyi. Idan kuma namiji ya ce *I picked up a woman last night*, bai faɗi wuri ba bai faɗi dalili ba, abin da mai sauraro zai ji shi ne ya yi wa wata baƙuwar fuska daɗin baki ta bi shi. Direban da ke nufin fasinja ya ɗauka ya jawo wa kansa tsegumi a banza. Maganin shi ne ka ambaci matsayin mutum da wurin da ka ɗauke shi da inda ka sauke shi: *I picked up our visitor from the hotel at 9 and dropped her off at the office.* Wannan ba ta da wata kafa. A rahoton da za a ajiye a fayil, *collected* ta fi kama da harshen ofis.

Ina kasuwancin kayan gyaran babur a Sabon Gari. Na biya kuɗin kaya a ƙasar Sin, aka turo mini *Your goods are ready for pickup* ta WhatsApp. Na ɗauka an loda su a mota sun kama hanya. Sati biyu shiru, sai ga saƙo wai ana bina kuɗin ajiya. Shin cuta ce ko rashin fahimta?

Alhaji, Allah ya mayar da alheri. Daga kalmomin saƙon dai, ba su ce kaya sun tashi ba. Mun gane inda zaton ya fito, domin *pickup* suna ne kuma na motar nan mai buɗaɗɗen baya, wadda muke ce wa bashe, ƴan Nijeriya ke ce wa a-kori-kura. Amma *ready for pickup* na nufin an ɗaure kaya suna zaune a sito, ana jiran kai ko wakilinka ya zo ya ɗauka. Ƙwallo na wurinka, kuma masu sito da yawa suna fara lissafin kuɗin ajiya bayan ƴan kwanakin da suka ba da kyauta.

Ka bambance kalmomi huɗu da ke fitowa a saƙonnin bin sawun kaya. *Ready for pickup*, a zo a ɗauka. *Picked up*, kamfanin jigila ya karɓi kayan daga hannun mai sayarwa, tafiya ta fara ke nan, ba isowa ba. *Out for delivery*, suna cikin motar da za ta kai su ƙofa a ranar. *Delivered*, an miƙa.

Ka koma kan takardar farashin da suka ba ka tun farko. Idan ka ga haruffa uku EXW kusa da kuɗin, to ciniki ne na “zo ka ɗauka a ƙofar masana'anta”: lodi da mota da fito duk a wuyanka. Idan FOB ne, mai sayarwa ne zai kai kayan har cikin jirgin ruwa a tashar da aka ambata. Waɗannan haruffa na cikin ƙa'idojin Incoterms na ƙungiyar ƴan kasuwa ta duniya mai hedikwata a Paris, kuma bugun 2020 ake aiki da shi. Farashin EXW kan yi sauƙi a ido saboda an cire duk wannan ɗawainiya, shi ya sa yake jan wanda bai saba ba.

Duk ranar da irin wannan saƙo ya sake shigowa, ka mayar da tambaya uku a take: *What is the pickup address? What are your opening hours? What document should my agent bring?* Wato ina ne wurin, ƙarfe nawa ake buɗewa, wace takarda wakili zai nuna. Sai ka rufe da rana tsayayya, *My agent will pick them up on Monday.* Ka tura da sassafe, domin Sin na gabanmu da awa 7. Ƙarfe 9 na safe a Damagaram, 4 na yamma ne a can, an kusa rufe sito. Dubai awa 3 ce. A rubutu kuma, sunan haɗe yake, *pickup* ko *pick-up*, aikatau kuwa rabe, *pick up*.

Masu ba ni atamfa a Kantin Kwari kullum sai su rubuto *Hajiya you are not picking my call*. Ɗiyata da ke jami'a ta ce kuskure ne. Wa ke da gaskiya?

Hajiya, kowa da tasa. A Ingilishin Nijeriya *pick my call* ya zauna daram, daga Kano har Legas haka ake faɗa, kuma ba mu ga amfanin ki tsaya gyara wa abokin ciniki harshe ba. A Ingila da Amurka kuwa cewa ake *you're not picking up* ko *you're not answering my calls*. Maganar ta samo asali daga tsohuwar wayar tebur, wadda sai ka ɗaga kanta kafin ka ji mai kira, ka kuma rataye shi in ka gama, shi ne *hang up*. Faransanci ma haka ya yi da *décrocher* da *raccrocher*, mu ma “ɗaga waya” muke cewa har yau da babu abin ɗagawa. Ɗiyarki ta riƙe *up* ɗinta a jarrabawa da wasiƙar neman aiki, domin *pick* shi kaɗai zaɓe ne ko tsinkar ɗan itace. *I will pick you* a kunnen Bature “zan zaɓe ka” ne.

Idan na ce *pick up*, abokan aikina ƴan ƙasashen waje sai su ce in maimaita. A rubuce ba ni da matsala. Ma'aikacin lafiya, daga Mirya.

Malam, wurare uku ne za ka bincika, kuma na farko ya fi sauran. Harafin “f” na Hausa da leɓɓa biyu ake yin sa, ba a rufe su ruf, shi ya sa *p* da *f* ke narkewa su zama abu guda a bakinmu, *pick up* ya fito kamar “fik of”. Wannan na iya kama da *pick off*, wanda ke nufin harbe mutane ko dabbobi ɗaya bayan ɗaya, ka ga ba kalmar da ma'aikacin lafiya zai so a ji daga bakinsa ba ce. Don *p*, ka rufe leɓɓa gam, ka tara iska, ka sake ta da ɗan fashewa. Riƙe ƴar takarda tazarar yatsu uku daga bakinka. Idan ka ce *pick* ya kamata ta yi tsalle. Wanda ya yi lakwal yana da *p* na Faransanci a *papa* da *Paris*, amma wannan ba ya fitar da iska sosai, takardar ba za ta motsa ba. Don *f* na Ingilishi, haƙoran sama ne ke taɓa leɓen ƙasa. Ka yi atisaye gaban madubi da tagwaye biyar: *pan* da *fan*, *pull* da *full*, *pill* da *fill*, *cup* da *cuff*, *up* da *off*. Minti biyar kullum ya fi awa guda ranar Lahadi.

Na biyu, wasula. Wasalin *pick* gajere ne. In ka ja shi ya koma *peak*, ƙololuwa. Na *up* kuwa ya fi kusa da gajeren “a” na Hausa, kamar a “daf”, ba “o” ba kuma ba *u* na Faransanci ba.

Na uku, *picked* gaɓa ɗaya ce, “pikt”. Bayan sautin *k, p, f, s, sh, ch*, ƙarin *-ed* na fita da sautin “t”. Sai bayan *t* ko *d* ne yake zama gaɓa mai zaman kanta, kamar a *wanted*. Kuma masu harshen ba sa tsayawa tsakanin kalmomin, baƙin ƙarshe na tsallakawa ya kama wasalin gaba: *pick up* ya zama “pi-kap”, *picked it up* ya zama “pik-ti-tap”. A aikatau nauyin murya na kan *up*, a sunan *pickup* yana kan *pick*. Sanin wannan haɗewar zai taimake ka ta ɗaya gefen ma, wato jin su idan suna sauri.

An ba mu jerin aikatau masu ɗan rakiya sama da ɗari mu haddace kafin bak. Na haddace, na manta. Kuma shin ya halatta in sa *pick up* a rubutun insha'i? Ɗaliba daga Garin Malam.

Ɗiyata, jerin da aka tsara bisa abacada shi ya fi kowane saurin zubewa, domin yana jera *pick at, pick off, pick on, pick out, pick up* kamar ƴan gida ɗaya, alhali kamannin fuska kawai suka haɗa. *Pick out* zaɓo abu ne daga cikin taro, kamar turmi ɗaya daga tulin atamfa. *Pick on* tsangwama ce, a sa wa mutum ido a yi ta takura masa. *Pick at* tsakurar abinci ne ba da marmari ba. Akwai ma mai ƴan rakiya biyu, *pick up on*, lura da abin da ba a faɗa ƙarara ba: *she picked up on his anger*, ta gano ransa a ɓace yake ko da bai furta ba.

Ki tsara kayyenki bisa wuri. Shafi ɗaya na tasha: *pick up, drop off, set off, get on, get off, break down*. Shafi ɗaya na salula: *pick up, hang up, call back, switch off, run out of credit*. Kada ki damu da *pick up* ya fito a shafi biyu ko uku, haka ake so. Kowane aikatau ki ba shi cikakkiyar jimla ɗaya daga rayuwarki, da fassarar Hausa a gefe, sannan jimla ta biyu mai wakilin suna don ki ga ko yana rabuwa. Shida a sati sun isa. Ki rufe gefen Ingilishi da hannu, ki dawo da shi daga Hausar, washegari, da bayan kwana uku, da bayan sati.

Batun insha'i kuwa, babu haramci. A zance tsakanin mutum biyu ko wasiƙa ga ƙawa, *pick up* ne ma ya fi dacewa, wanda ya sa *acquire* a can zai yi kamar mai sanye da babbar riga a gona. A insha'in muhawara ko wasiƙar hukuma, ki koma ga kalma guda: *collect* a madadin ɗaukowa, *improve* ko *recover* a madadin farfaɗowa, *acquire* a madadin tsintar harshe, *resume* a madadin ɗorawa. Ki yi hattara da ta ƙarshen, *resume* ci gaba ne bayan tsayawa, ba ta da alaƙa da *résumer* na Faransanci. Taƙaitawa a Ingilishi *summarize* ce, ko *sum up*, wanda shi ma yana rabuwa: *sum it up*.